Kada A Yanke Kuɗin Rauni A Gadon Asibiti



Yau zan fara da wani abu da ya faru a danginmu shekara biyar da suka wuce, wanda har yanzu idan na tuna sai na ji ɗaci. Ɗan yayata, magidanci mai 'ya'ya biyu, yana aikin gyaran wutar lantarki a wani kamfani a Kano. Wata Talata da sassafe ya hau babur ɗinsa zai tafi aiki, mota ta fito daga kwana ta kwashe shi. Ya samu karaya biyu, ɗaya a ƙwauri, ɗaya a wuyan hannun dama.

Kwana uku da kwantar da shi, dangin mai motar suka zo dubiya da dattawansu, da ledar lemo da ayaba. Mutanen kirki ne, ban ga laifinsu ba. Suka biya kuɗin aikin da aka yi masa, suka ɗora naira 150,000 a kai. Dattawanmu suka ce ƙaddara ce, an yafe. Aka rubuta takarda cewa magana ta ƙare, yaron ya dangwala da hannun hagu, domin na daman yana cikin filasta. Ina tsaye a ɗakin. Abin da na iya cewa kawai shi ne, "Allah Ya kiyaye gaba."

Bayan wata takwas ƙafa ta warke sarai, hannu kuwa ya ƙi. Wuyan hannun ya ƙage, yatsu biyu sun daina ji, ba ya iya matsa filaya, balle ya riƙe tsani da hannu ɗaya ya yi aiki da ɗaya. Kamfani ya biya shi albashin wata uku, ya koma rabi, daga nan aka sallame shi. Yau yana tsaron shagon cajin waya na wani. Kuɗin nan 150,000 kuwa ko wata biyu ba su kai ba. Babu wanda ya cuce mu da gangan. Mu ne muka yi ciniki a kan abin da ba mu san girmansa ba tukuna, kuma ba mu san akwai wata ƙofa da ya kamata mu buga ba.

Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce a kowace shekara kimanin mutum miliyan 1.19 ne ke mutuwa a haɗurran hanya, wasu miliyan 20 zuwa 50 kuma suna jikkata. Waɗanda suka rasu ana yi musu zaman makoki, ana tunawa da su. Waɗanda suka rayu da hannun da ba ya aiki ko ƙafar da ba ta lanƙwasuwa, su ne ake mantawa da su da zarar an sallame su daga asibiti. Saboda su nake wannan rubutu.

Dokar da da yawanmu ba mu san da ita ba

A Nijeriya akwai Dokar Biyan Diyya ga Ma'aikata ta 2010, wadda ta maye gurbin tsohuwar dokar diyyar ma'aikata. Hukumar NSITF ce ke kula da asusun. Tsarin shi ne, duk wanda ya ɗauki mutane aiki zai riƙa zuba kashi 1 cikin 100 na jimillar albashin da yake biya kowane wata. Daga aljihunsa zai biya, doka ta hana a cire ko kwabo daga albashin ma'aikaci saboda wannan. Idan ma'aikaci ya ji rauni, ko ya nakasa, ko ya rasu a dalilin aiki, daga wannan asusu ake biyan shi ko iyalinsa.

Kada ka ce wannan ta ma'aikatan gwamnati da na banki ce. Ma'anar "ma'aikaci" a dokar tana da faɗi. Ta haɗa da wanda aka ɗauka da takarda da wanda aka ɗauka da baki, da na dindindin da na wucin gadi, da mai koyon sana'a, har da mai aikin gida muddin ba ɗan gidan ba ne. Sojoji ne aka cire. Direban kamfani, da yaron mota, da mai raba kaya a babur, da malamar makarantar kuɗi, da maigadi, duk maganarsu ake yi.

Kuma ba a bukatar ka tabbatar da cewa maigidanka ne ya yi sakaci kafin a biya ka. Abin da ake tambaya shi ne ko raunin yana da nasaba da aiki.

Hanyar zuwa aiki ma tana ciki

Wannan ne abin da ya kuɓuce mana. Mun ɗauka tunda a titi abin ya faru, babu ruwan wurin aiki. Alhali dokar ta ambaci haɗarin da ya samu ma'aikaci a kan hanya tsakanin wurin aikinsa da gidansa, ko inda ya saba cin abinci, ko inda ya saba karɓar albashi. Sai dai ta sa sharaɗi, ya kasance maigidan aikin ya san da wurin tun kafin haɗarin.

Saboda haka kai maigida, idan ka tashi daga Kurna ka koma Mariri, rubuta 'yar takarda ka sanar da ofishinku, ka ajiye kwafi. Idan gida biyu gare ka, kana raba kwana, duka biyun ka rubuta, domin dokar ta san da babban mazauni da na biyu. Aikin minti biyar ne, amma wata rana shi zai raba gardama.

Wanda kuma aka aika, ko wanda tuƙi ne aikinsa, titi shi ne ofishinsa, nasa ba ya bukatar dogon bayani.

Wa'adi uku da ya kamata kowane gida ya haddace

Na farko, kwana 14. A cikinsu ne ma'aikaci, ko wani a madadinsa, zai sanar da wurin aiki abin da ya faru: suna, rana, lokaci, wuri da irin raunin. Kada a tsaya ga kiran waya. A rubuta, a kai, a sa wanda ya karɓa ya sa hannu a kwafinku. Mara lafiya ba zai iya wannan ba, aikin matarsa ne ko ƙaninsa.

Na biyu, kwana 7. Wannan na maigidan aiki ne, ya kai rahoto ga NSITF. Ku tambaye shi cikin ladabi ko ya kai, ku nemi ganin shaida.

Na uku, shekara 1. A cikinta ake shigar da takardar neman diyya. Idan akwai wani uzuri na musamman hukumar tana iya saurara har zuwa shekara 3, amma kada a dogara da wannan. Mu lokacin da muka ji labarin dokar, duk waɗannan ƙofofi sun rufe.

Yadda ake auna nakasa

A nan ne zan ɗan daɗe, domin a nan kuɗin yake, a nan kuma ake yin asara.

Abu na farko, likita ba ya yanke hukunci a kan nakasa sai rauni ya tsaya, wato an gama duk maganin da za a iya, jiki ya kai inda zai kai. Ƙashin babban mutum yana ɗaukar makonni kafin ya haɗe, manyan ƙasusuwan ƙafa kuwa watanni. Bayan ya haɗe akwai gashi da motsa gaɓoɓi a wurin likitocin wannan fanni. Jijiyar da ta taɓu ta fi ƙashi nawa, tana iya shafe watanni da yawa tana dawowa a hankali, tana kuma iya ƙin dawowa. A rana ta uku babu likitan da zai iya gaya maka yadda hannu zai kasance bayan shekara. To idan likita bai sani ba, dattijon da ya zo sulhu ta ina zai sani?

Idan lokacin ya yi, ga irin abin da ake dubawa. Ana auna iyakar lanƙwasuwar gaɓa da wani ma'auni mai kama da abin auna kusurwa na 'yan makaranta, a kwatanta da gaɓar ɗaya ɓangaren mai lafiya. Ana auna ƙarfin damƙar hannu. Ana auna tsawon ƙafafu, domin karayar cinya takan bar ƙafa ɗaya ta gaza 'yar'uwarta. Ana ɗaukar hoton ƙashi a ga ko ya haɗe daidai ko ya haɗe a karkace. Ana gwada ji a fata, a ga inda ya mutu. Idan kai ne ya bugu, ana gwada gani da ji da tunani. Daga nan sai a fitar da adadi, a ce wannan nakasa kashi kaza ce cikin 100. Dokar tana da jadawali a ƙarshenta da ya jera raunuka da kasonsu. Rasa gaɓoɓi biyu, ko makancewa gaba ɗaya, ko shanyewar jiki baki ɗaya, kashi 100 ne. Sauran suna sauka gwargwadon girmansu.

Abu na biyu, wanda ya fi muhimmanci: raunin jiki daban, abin da ya hana ka yi daban. Ɗauki mutum biyu da gwiwarsu ta dama ta ƙage iri ɗaya. Ɗaya akawu ne, zai koma kujerarsa ya miƙe ƙafa ya ci gaba da aiki. Ɗaya direban tirela ne, da wannan ƙafar yake taka birki, tasa sana'ar ta ƙare. Yatsa ɗaya a wurin maigadi abin haƙuri ne, a wurin tela mai aikin hannu kuwa abincinsa ne. Shi ya sa dokar, a wajen nakasar da ba ta gama da mutum duka ba, ta ɗora lissafi a kan abin da ya ragu daga samunsa.

Don haka idan ka shiga gaban likitan da zai auna ka, kada ka tsaya ga "da sauƙi, Alhamdulillahi." Godiya ga Allah wajibi ce, amma likita bayani yake nema. Gaya masa aikinka dalla-dalla: kaya masu nauyin nawa kake ɗagawa, awa nawa kake tsayuwa, da wane hannu kake aiki, kana hawa tsani ko ba ka hawa. Idan bahago ne kai, faɗa. Faɗi abin da ya gagare ka a gida ma: tsugunno, zaman tahiya, ɗaura maɓalli, ɗaukar yaro. Mu Hausawa an tarbiyyantar da mu a kan cije ciwo, namiji ba ya raki. Wannan jarumtaka ta sa mutane da yawa sun fito da kaso ƙasa da nasu. Kada kuma ka ƙara gishiri. Likitocin nan sun ga dubunka, suna da hanyoyin gane wanda yake ƙarawa, kuma da zarar an kama ka da ƙari ɗaya, gaskiyarka goma ta zube. Idan kana da tsohon ciwo a wurin tun kafin haɗari, faɗa da bakinka kafin hoto ya faɗa.

Abu na uku, akwai raunin da ido ba ya gani. Mutum ya bugu a ka, an sallame shi, jiki lafiya lau. Amma ya koma mai mantuwa, mai saurin fushi, kai na yawan sara masa, lissafin da yake yi a da ya gagare shi. Wani kuma ba ya barci, da ya ji ƙarar birki sai jikinsa ya ɗauki rawa, ya kasa sake zama a bayan sitiyari. A gida sai a ce ya canza hali, ko a ce iska ce. Ke uwargida, ke za ki fara lura da wannan, domin mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Ki samu ɗan littafi ki riƙa rubuta abin da kika gani da kwanan wata, ki raka shi wurin likita ki faɗa. Dokar ta amince da larurar ƙwaƙwalwa da ta biyo bayan wani mummunan abu da ya auku kwatsam a dalilin aiki, in dai likita ya tabbatar.

Nawa ake biya?

Idan nakasar ta hana mutum aiki gaba ɗaya har abada, dokar ta ce a riƙa biyan shi kashi 90 cikin 100 na albashinsa duk wata. Mai albashin naira 100,000 zai riƙa karɓar 90,000.

Idan wani ɓangare ne, ana ƙiyasta abin da ya ragu daga samunsa, a biya shi kashi 90 na wannan. Misali, a ce mai albashin 100,000 ɗin nan an ƙiyasta cewa raunin ya rage masa 30,000 a wata. Kashi 90 na 30,000 shi ne 27,000. A shekara ɗaya ya zama 324,000. Yanzu ku ajiye wannan kusa da 150,000 ɗin da muka karɓa sau ɗaya muka dangwala hannu.

Biyan ba na har abada ba ne, galibi yana tafiya zuwa shekara 55 ko lokacin ritayar mutum. Akwai kuma tanadi daban na wanda raunin ya kwantar na ɗan lokaci, da na kuɗin magani, da ƙafa ko hannun roba, da koyar da wata sana'a ga wanda ba zai iya komawa tasa ba. Idan kuwa rasuwa aka yi, matar da aka bari da 'ya'ya biyu ko fiye tana da kashi 90 na albashin mamacin duk wata, mai ɗa ɗaya kashi 85.

Idan kason da aka ba ka bai gamsar da kai ba, kana da kwana 180 ka rubuta wa hukumar ta sake dubawa. Idan har yanzu ba ka gamsu ba, sai Kotun Ma'aikata ta Ƙasa, wadda take da rassa a jihohi da dama, har da Kano da Kaduna. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya fara da ofishin hukumar ba da agajin lauyoyi ta gwamnati, ko ƙungiyar ƙwadagon da yake ciki.

Malamanmu sun riga sun faɗa

Na san wani zai ce wannan duk tsarin Bature ne, mu da aka sani da yafiya ina ruwanmu da auna yatsa da kashi-kashi. To ka tambayi duk wanda ya karanta babin diyya a Risala a zaure. Fiƙihun Malikiyya ya tsara wannan tun fiye da shekara dubu. Cikakkiyar diyyar namiji raƙuma 100 ce ko dinari 1,000. Hannu ɗaya rabinta, ido ɗaya rabinta, kowane yatsa raƙuma 10, kowane haƙori 5. Hannun da aka shanye ya daina aiki, ko da yana nan a jiki, ana biyan diyyarsa. Mai ido ɗaya kuwa idan aka lalata masa wanda ya rage, cikakkiyar diyya ake ba shi, domin ganinsa duka aka tafi da shi. Raunin da ba a yanke masa adadi ba, alƙali ne zai ƙiyasta da taimakon masana.

Akwai kuma ƙa'idar da ta fi taɓa ni: ba a yanke diyyar rauni sai bayan ya warke. Abin da likitan ƙashi zai gaya maka yau, shi malaman suka rubuta tun tuni. Mu ne muka bar wannan muka koma yanke magana a rana ta uku.

Tsarin shari'a da na NSITF abu biyu ne mabambanta, ba ina haɗa su ba ne. Abin da nake nunawa shi ne auna rauni da karɓar haƙƙi ba baƙon abu ba ne a wurinmu, kuma ba ya cin karo da imani da ƙaddara. Yafiya alheri ce babba. Amma mai haƙƙi ne yake yafewa, bayan ya san abin da yake yafewa. Wanda ke kwance da zafin ciwo, allura na jikinsa, surukai da kawunnai sun kewaye shi, kara ce take magana da bakinsa.

Ƙofa ta biyu: inshorar motar da ta buge ka

Doka ta wajabta wa kowace mota da ke hawa titi inshorar da ke biyan mutumin da ta yi wa ɓarna. Daga Janairun 2023 hukumar NAICOM ta mayar da kuɗinta naira 15,000 a shekara ga motar gida, daga 5,000. Tana biyan ɓarnar dukiya har naira miliyan 3, sannan tana ɗaukar rauni da rasa rai. Akwai kamfanonin takaful masu lasisi ga wanda ya fi natsuwa da tsarin Musulunci. Matsalar ita ce takardun bogi sun yi yawa, waɗanda ake saya don a nuna wa jami'an hanya kawai. Ana iya tantance ta gaske da lambar mota a rumbun bayanan inshora na NIID. Kai mai mota, duba taka yau, domin ranar da tsautsayi ya faɗa, takardar bogi ba za ta biya ko bandeji ba, gidanka za a sayar.

Abu biyu a lura da su. Direban da ke tuƙa motar ba ya cikin waɗanda wannan inshora take biya, shi ƙofarsa ita ce ta wurin aikinsa. Sannan ma'aikacin da wani daban ya buge, doka ta ba shi zaɓi tsakanin karɓar diyya daga NSITF ko bin wanda ya buge shi a kotu, kuma zaɓin yana da nasa wa'adin. Idan ya zaɓi diyya, hukumar ce take gadon haƙƙin bin wancan. Kun ga ke nan takardar "mun yafe" da aka sa wa hannu da wuri tana iya dagula lissafi. A nemi shawarar lauya kafin a zaɓa.

Ɗan acaɓa ko mai Adaidaita Sahu da ke tuƙa nasa na kansa ba shi da maigidan da zai zuba masa kashi 1, don haka wannan ƙofa ta biyu ita ce babbar madogararsa. Mai tuƙa na wani yana kai balas kuwa, tun ranar karɓar makulli ya kamata a rubuta wanda zai ɗauki nauyin magani idan an yi haɗari. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Jaka ɗaya, takardu duka

Duk abin da na lissafa a sama, takarda ce take tsayar da shi. Ranar haɗari wani daga cikin dangi ya zama shi ne mai jaka. A ɗauki hoton wurin da lambar motar, a karɓi lambar wayar shaidu biyu. A tabbatar 'yan sanda ko jami'an hukumar kiyaye haɗurra sun rubuta rahoto. Lambar gaggawa ta hukumar ita ce 122. A asibiti a gaya wa likitan farko cewa haɗarin mota ne a kan hanyar aiki, don ya shiga fayil tun ranar. Ku sani kuma Dokar Lafiya ta Ƙasa ta 2014 ta hana asibiti ƙin karɓar mai bukatar taimakon gaggawa. A ajiye katin asibiti, da hotunan ƙashi, da takardar sallama, da kowane rasit ko na naira 500 ne, da takardar ɗaukar aiki, da shaidar albashi ta 'yan watannin baya. Wanda ake biya a hannu, saƙon banki ko littafin da yake sa hannu zai taimaka.

Sai maganar ɗori. Ba na raina masu ɗorin gargajiya, da yawanmu sun ga amfaninsu, kuma tsadar asibiti ce take kai mutane can. Amma maɗori ba ya ba da fayil, ba ya ɗaukar hoto. Ranar da za a auna nakasa, babu abin da zai nuna yadda karayar take tun farko. Ban da haka, ɗaurin da ya matse yana iya tsayar da jini har gaɓa ta ruɓe, kuma karayar da ƙashi ya huda fata ko ta shiga cikin gaɓa aikin asibiti ce. Muna da Asibitin Ƙashi na Dala a Kano da asibitocin koyarwa a jihohinmu. Ko me za a yi daga baya, a fara da hoto da rahoton likita.

To idan masu motar sun zo da dattawansu fa?

A karɓe su hannu biyu, a ba su wurin zama. Idan sun kawo taimakon magani a karɓa, a rubuta cewa gudummawar jinya ce, a gode. Sannan babba a cikinku ya ce, "Alhaji, mun gode da wannan karamci, Allah Ya bar zumunci. Maganar rufewa kuwa mu bari sai likita ya sallame shi, mu ga abin da Allah Ya yi, sai mu zauna." Babu rashin kunya a cikin wannan, kuma mutumin kirki ba zai ji haushi ba. Da na san in faɗi wannan jimla shekara biyar da suka wuce, da wataƙila labarin ɗan yayata ya bambanta.

Haka idan wurin aiki suka kawo takarda cewa ka karɓi kaza ka janye neman diyya, ka sani dokar ta ce irin wannan yarjejeniya ba ta da ƙarfi. Ma'aikaci ba ya iya sayar da wannan haƙƙi ko da ya so.

Ku kuma masu ɗaukar mutane aiki, na san kuna cikin masu karanta mu: mai gidan burodi da motar rabo, mai ruwan leda, mai makaranta da bas ɗin ɗalibai. Idan albashin da kike biya a wata naira 500,000 ne, Hajiya, kashi 1 ɗinsa 5,000 ne. Kwatanta shi da ranar da direbanki zai kwanta wata shida, matarsa tana sallama a ƙofarki kowace Juma'a.

Aikin da zan bar muku a wannan mako ƙarami ne. Kai ma'aikaci, gobe ka tambayi ofishinku ko sun yi maka rajista da NSITF kuma suna biya, ka duba adireshin da ke cikin fayil ɗinka. Idan ba su yi ba, ku haɗu da abokan aikinku ku nema a rubuce. Ke uwargida, tambayi maigida inda takardar ɗaukarsa aiki take, ki sa ta a jakar da kike ajiye takardun haihuwar yara.

Wanda ya taɓa bin wannan hanya, ko ya samu ko bai samu ba, ya ba mu labari a ƙasa don wasu su ƙaru, amma a sakaya sunan mutane da na wurin aiki. Tambayoyin da suka fi yawa zan haɗa su in amsa a fitowa ta gaba.

Allah Ya tsare mu a hanyoyinmu, Ya ba marasa lafiyarmu sauƙi. Sai mako mai zuwa idan Mai Duka Ya kai mu.